Yarinyar da Ta Leƙa Ƙasa da Sifili

A wani zamani can baya, an yi wata tsohuwar malamar lissafi mai tabarmi biyu a gindin tsamiya, ƙarama ta masu koyo, babba ta waɗanda suka ƙware.

Wata rana ta ce wa 'yan ƙaramar tabarma, "Wace lamba za a raba shida da ita, abin da ya fito bai kai biyu ba? Wanda ya amsa daidai zai hau babbar tabarma. Wanda bai amsa ba kafin la'asar, sai baɗi."

Na farko ya ce, "Duk lambar da ta wuce uku." Na biyu ya ce haka, na uku ma haka. Wata yarinya mai sanyin murya kuwa sai ta duƙa tana zane a ƙasa.

Ƙawarta ta zungure ta. "Ke, sarkin nawa, faɗi abin da kowa ya faɗa mana."

Ta ce, "Ban gama dubawa ba."

Inuwa ta yi tsawo, yarinyar tana nan tana dubawa. Har aka kira la'asar, sannan ta ɗago kai.

"Inna, na makara. Amma amsar ba ta cika ba. Duk lambar da ke ƙasa da sifili ita ma ta shiga, don abin da zai fito ba zai ko kai sifili ba. Sifili kansa kuwa ba a raba komai da shi."

Sai tsohuwar ta tashi, ta jawo babbar tabarma da hannunta, ta shimfiɗa a inda yarinyar take zaune.