Sanarwar Da Ba Ta Da Hatimi

Ranar Laraba ce. Na rufe rumfar kifina a kasuwar bakin tafki, na ɗauki makulli, na kama hanyar tudun da gidan rediyonmu yake. Ba wani babban aiki ya kai ni ba. Da safe Ba Kapambwe (a yarenmu "Ba" laƙabin girmamawa ne), tsohon shugaban kwamitin tashar, ya tsayar da motarsa a gaban rumfata, ko gilashi bai gama saukewa ba.

"Nsofwa, an sayar da ginin nan. Gobe mai giya zai fara zuba akwatuna. In kina da tarkace a ciki, je ki kwashe yau."

"Har ginin, Ba Kapambwe? Na ɗauka da kuka cinye eriya da janareto kun ƙoshi."

"Wannan bakin naki shi ya bar ki a rumfar kifi," in ji shi, ya ɗaga gilashinsa ya wuce.

Abu ɗaya nake so a ginin, babban littafin da nake rubuta sunayen mamata. Ban yarda a naɗe gyaɗa da shi ba.

Tashar tamu, Kalonde FM, ba ta gwamnati ba ce. Masunta ne suka kafa ta, kowane kwalekwale ya ba da kwandon busasshen kifi har kaka biyu, aka sayi inji aka kafa ƙarfe a kan tudu. Shekara goma sha huɗu muna magana. Da asuba wani tsohon masunci ya faɗi yadda iska za ta kasance a kan tafkinmu na Bangweulu, kuma yakan dace sau biyu cikin uku. Ƙarfe goma a karanta farashin kifi, shirin da 'yan sari suka tsana kamar ciwon haƙori. Da rana kiɗan kalindula da gaishe-gaishe, Asabar ƙwallo, Lahadi mawaƙan coci. Amma ƙarfe shida na yamma nawa ne. A lokacin nake karanta sanarwar makoki, kuma duk tsibiran tafkin da sansanonin masunta da ke cikin fadama sukan yi tsit. Mace takan bar tuƙin tuwon rogo ta tsaya da muciya a hannu, don a wurinmu wanda bai je makokin nasa ba ya yanke zumunci har abada.

Muna da doka ɗaya: takardar da ba ta da hatimin mai gari, ba a karanta ta. Dalili kuwa, wani shaƙiyyi ya taɓa aiko da sanarwar mutuwar surukinsa saboda sun yi faɗa a kan raga. Kwalekwale tara suka iso ana kururuwa, suka tarar da mamacin zaune a gindin mangwaro yana suɗe kan kifi. Tun daga ranar na riƙe dokar nan fiye da yadda na riƙe addinina. Ina alfahari da ita, ban ɓoye ba.

Yammacin ƙarshe kafin a rufe tashar, saura minti goma in shiga, wata tsohuwa ta ƙwanƙwasa 'yar tagar da ake miƙo takardu. Zaninta jiƙe, filafilin kwalekwale a hannunta. Ta ce ita ce Bana Chomba, wato uwar Chomba, daga tsibirin Nkulu, an tsamo ɗanta Chomba daga ruwa da safe. Na juya takardar gaba da baya.

"Mama, ina hatimi?"

"Mai gari ya tafi biki, 'yata. Da kaina na tuƙo tun hantsi. Ɗana yana da mata a cikin fadama, ni kaɗai na san inda take. Ki taimaka."

"Doka ce, Mama. A buga hatimi ki dawo gobe."

Na tura mata takardar, na rufe taga, na je na karanta na masu hatimi.

Washegari jami'ai suka zo daga Lusaka, babban birninmu, suka kashe injin, wai shekara uku Ba Kapambwe bai sabunta lasisi ba. Takardarsu ita kam hatimi uku gare ta. Shekara shida ke nan, kuma ban ƙara tuna tsohuwar ba, sai dai in yi ƙarya.

Ranar Larabar nan na isa kan tudu rana tana gab da faɗawa ruwa. Ciyawa ta cinye hanya. Inda ƙarfen eriya yake a da, sai kututturen siminti da ƙusoshi huɗu masu tsatsa. Makullin ya yi gardama kafin ya juya.

Ciki warin kashin jemage ne da ƙura. An tsige wayoyi daga bango, suna reto kamar saiwa. A ɗakin magana sun bar teburin don ya fi ƙarfin ƙofa, da tsohon makirfo wanda igiyarsa a yanke take, ko taku ɗaya ba ta kai ba. Agogon bango ya mutu a kan biyu da rabi. Na durƙusa na jawo littafina daga ƙarƙashin tebur, ɓeraye sun ci gefensa. Na kakkaɓe shi, har ina jin daɗi.

Sai warin ya canja.

Ƙarnin ɗanyen kifi, da laka irin ta ƙasan tafki, baƙar nan mai sanyi. Tudun nan kuwa tafiyar rabin awa ce daga bakin ruwa.

Na ji agogon ya ce ƙyas. Na ɗaga kai. Shida saura minti goma.

Aka ƙwanƙwasa taga. Ba da hannu ba, da itace. Sau uku, a hankali, irin na mai ladabi.

Na ce a raina mai giyar ne ya aiko a duba wuri. Na buɗe baki in tambaya.

"'Yata."

Muryar ƙasa-ƙasa take, kamar mai magana da ruwa a baki.

"'Yata, na dawo. Kin ce in dawo gobe."

Sakatar tagar ta yi tsatsa tun tuni. Ina kallo ta zame da kanta. Tagar ta buɗe kamar faɗin tafin hannu, takarda ta shigo, tana ɗiga. Yatsun da ke riƙe da ita fari fat, sun yamutse, ciyawar ruwa ta naɗe su.

Ban ga fuska ba. Na gode Allah da ban gani ba.

"Mama," na ce da raɗa, "an rufe tashar. Babu wuta. Babu komai."

"Duba ƙasan takardar."

Na karɓa, don ƙafafuna ne suka kai ni, ba ni ba. Rubutun fensir ne, na wancan yammacin. A ƙasa, inda hatimi ke zama, shatin babban yatsa ne na baƙar laka.

"Mai gari ya buga?"

"Ban kai wurinsa ba. Iska ta taso mini a tsakiyar tafki. Ina sauri ne in dawo miki da wuri."

A bayana wani abu ya yi ƙara. Na waiga. Jar fitilar da ke saman ƙofa, wadda ke nuna ana kan iska, ta kama. Ƙwan nata a fashe yake tun ranar da aka rufe mu. Ta kama duk da haka.

Agogo ya buga shida.

Ruwa na shigowa ta ƙarƙashin ƙofa, siriri, ba ƙara. Ya taɓa yatsun ƙafata. Sanyinsa ya hau har haƙorana.

"Zauna, 'yata. Lokacinki ne."

Babu kujera, sun sayar. Na durƙusa a gaban makirfon mai yankakkiyar igiya, na shimfiɗa takardar a kan tebur. Na ji hucin nan da kowane ma'aikacin rediyo ya sani, na iska a buɗe, mutane suna jira.

Na karanta.

"Ana sanar da rasuwar Chomba ɗan Katongo na tsibirin Nkulu, wanda ruwa ya ci. A sanar da matarsa Chibale, a sansanin masunta na Kafinda, ta zo da 'yarsu. Bai gudu ba. Yana hanyar zuwa wurinsu ne. Sanarwa daga mahaifiyarsa."

Na ji tsohuwar ta sauke numfashi, dogo, kamar an ajiye tulu.

"To naki fa, Mama?" na ce, ban san dalilin da ya sa na tambaya ba. "Wa ya kawo naki?"

"Babu wanda ya rage da zai kawo."

Na miƙe zan tafi. Sai wata takarda ta faɗo ta taga.

Sai wata.

Sai wata.

Ta siririn buɗin tagar na hango su. Layi ne, ya gangara tudu har inda ido ya ƙare. Maza da mata, wasu da goyo. Ba mai motsi. Kowa da takarda a hannu.

"Shekara shida muna tsaye," wani namiji ya ce da raɗa.

"An binne ni mutum huɗu kawai."

"Ƙanwata har yau tana ajiye mini tuwo."

"Karanta nawa."

"Nawa."

Ruwan ya kai ƙaurina. Takardu suna yawo a kansa. Na ce, "Ba ni na rufe tashar ba! Ku je wurin Ba Kapambwe!"

"Ba muryarsa muka sani ba."

Hannu ya shigo ta taga ya damƙe wuyan hannuna. Ba na tsohuwar ba ne, wannan ƙato ne, na mai jan raga. Ya ja ni har kafaɗata ta bugi bango. Na ji numfashinsa a kunnena, warin laka.

Na ɗaga littafin da ɗaya hannun na maka masa. Na sake makawa. Littafin ya suɓuce ya faɗa ruwa, ya buɗe, sai na ji an sassauta. Ina jin sunayen suka tsaya dubawa, ko nasu na ciki.

Na fizge. Na yi ƙofa.

Ta ƙi buɗewa, ruwa ya danne ta. Na sa ƙafa a bango na ja da duk ƙarfina. Ta buɗe.

Waje a bushe yake ƙayau. Ba kowa sai ciyawa da kukan gyare. Ban tsaya neman takalmina ba.

Da na shigo gari, mutane na tsaye cirko-cirko a ƙofar gidajensu. Bana Musonda mai sayar da munkoyo, abin shanmu mai kama da kunun zaƙi, tana riƙe da wata tsohuwar rediyo da jikokinta ke wasa da ita, bayanta a buɗe, ko batir babu.

"Nsofwa," ta ce, "yanzu muka ji ki."

Mai giya bai zuba akwati ko ɗaya ba, ginin na nan yadda na bar shi da ƙofa a buɗe. Ba Kapambwe kuwa lafiyarsa ƙalau, har ya yi ƙiba, bana ma takarar kansila yake nema. Shi da ya kashe tashar ba wanda ya taɓa ƙwanƙwasa masa taga. Ni da na bi doka, ni ce ke da shatin baƙin yatsa a wuyan hannu, wanda sabulu da toka suka kasa fitarwa. Ni ce kuma nake toshe kunne kullum shida saura minti goma. Wannan abin yana ci mini rai, kuma zai ci gaba da ci har in mutu.

Kwana uku bayan haka ina jera kifi, wata mata ta tsaya a gaban rumfata. Siririya ce, rana ta ƙona ta, ƙafafunta da lakar fadama. Tana riƙe da hannun wata yarinya 'yar kimanin shekara takwas. Ba ta kalli kifin ba.

"Ke ce mai muryar?"

"Ni ce."

"Ni ce Chibale."

Na rasa inda zan sa idona. Na jawo mata benci, ta ƙi zama.

"Daga Nkulu muka biyo," ta ce. "Sun nuna mana kabarinsa, ciyawa ta rufe shi. Na uwarsa babu, ba a same ta ba. Shekara shida ina tsine masa safe da yamma. Na ce ya bi wata. Na ƙona rigunansa. Na koya wa yarinyar nan ta tofar da miyau in an ambaci sunansa, kuma ta iya."

"'Yar'uwa, doka ce aka ba ni. Takardar ba ta da..."

"An faɗa mini." Ba ta ɗaga murya ba, da ma ta ɗaga. "Abu ɗaya na tuƙo kwana biyu in tambaye ki. Da kika karanta, minti nawa ya ɗauke ki?"

Ta jira.

"Bai kai minti ɗaya ba," na ce.

Ta gyaɗa kai a hankali. Ta sunkuya ta goge wa yarinyar fuska da gefen zaninta, ta juyo da ita ta fuskance ni.

"Kalle ta da kyau, Lombe," ta ce. "Daga yau ba ubanki za ki riƙa tofa wa ba."